Ga ƙannenmu masu tafiya Sikotlan: dutsen can ba Kufena ba ne

Tun da na zo hutu Samaru, yara uku da suka samu gurbin karatu a Birtaniya suke zuwa gaishe ni da tambayoyi. Batun asusun banki da ɗakin haya ban daɗe a kansa ba, don 'yan'uwanmu na can sun riƙe wannan. Bazazzage ba ya kwana a tasha a Gilasgo, wani zai zo ya ɗauke shi, ya ba shi tuwo. Abin da ba wanda ya tambaya shi ne hawan dutse, alhali duk shekara ina ganin sababbin zuwa suna ɗaukar waya da takalmin kambas su nufi tsaunuka don ɗaukar hoto.

Haka na yi a Nuwambar shekarata ta farko. Mu uku ne, kowa na taƙama ya hau dutsen Kufena na Zariya tun yana sakandare. Wajen ƙarfe biyu hazo ya rufe mu, wanda ke gabana ma da ƙyar nake hango jakarsa. Na ciro waya, babu sabis. Ɗigon nan mai nuna inda nake yana nan, amma a kan farin fili, ba hanya ba rafi, saboda ban sauke taswirar yankin ba. Ina cikin shafa gilashin da jiƙaƙƙen yatsa wayar ta mutu, da sauran caji kusan rabi. Sanyi ne ya kashe batirin. Ga rana tana faɗuwa tun wajen ƙarfe huɗu a can. Wani dattijo mai taswirar takarda a cikin leda ne Allah Ya haɗa mu da shi, ya sauko da mu, ƙafafuna sun daina jin komai.

To ku saurara, ƙannena. GPS ba ya buƙatar sabis, daga tauraron ɗan'adam yake karɓar saƙo. Taswirar ce ke buƙatar intanet, sai fa in ka sauke ta tun kana ɗaki. Bayan ka sauke, sa wayar a yanayin jirgin sama ka buɗe ka gani da idonka ko ta zauna. A haka za ka bar ta in kana kan dutse, don neman sabis na shanye caji. Ajiye ta a aljihun ciki kusa da jiki, da fawa bank da igiyarsa.

Kuma ba kowace taswira ba. Wadda muke bi da mota ba ta nuna tudu da gangare, sai ka ga wuri kusa, ashe rami ne tsakaninku. Nemi ta Ordnance Survey, hukumar zana taswira ta Birtaniya, akwai manhajarsu OS Maps, akwai ta takarda mai ma'aunin 1:25,000, inda santimita 4 ke daidai da kilomita 1. Layukan nan masu lanƙwasa da ke nuna tudu da gangare a taswirar, in sun matsu da juna, wurin tsaye yake, kauce masa. Ku sayi kamfas ku koyi aiki da shi, ko alƙibla ya nuna muku ya biya kuɗinsa.

Dutsen Ben Nevis da kowa ke son zuwa tsayinsa mita 1,345 ne, ana iya yin rana a garin Fort William da ke gindinsa, sama kuwa iska da ƙanƙara. Ku duba hasashen yanayin dutse da safen, ku tafi da tocila.

In an shiga matsala a kira 999 ko 112, a nemi 'yan sanda, sannan a ce masu ceto a dutse. 'Yan sa-kai ne, ba sa karɓar kuɗi, kada kunya ko tsoron biza ya hana ku kira da wuri. Kafin ku fita hawan dutse a can, ku aika kalmar "register" zuwa 999, ku bi umarnin da za a turo muku, don wayarku ta iya tura saƙon gaggawa in sabis ya yi rauni, ku kuma gaya wa wani a gida dutsen da za ku da lokacin da zai fara nemanku.