Fita yini guda a tuddan Toskana: abin da zan faɗa wa sabon zuwa

Mafi yawanmu idan mun sauka Italiya hanya uku muke sani: ta ɗaki, ta wurin aiki ko makaranta, sai ta ofishin da ake bin layin takardar zama. Na san wanda ya shekara huɗu a Firenze, babban birnin yankin Toskana, bai taɓa taka Siena ba, alhali tsakaninsu kusan nisan Kaduna zuwa Zariya ne. Mutane kuwa daga Amurka da Japan tara kuɗi suke yi shekara guda don su zo su ga abin da ke bayan gidanmu. Da ka tambayi ɗan'uwa dalili sai ya ce ai can ƙasar giya ce, me zai kai ni? Gaskiya ne ƙasar giya ce. Amma akwai abin gani da ya fi giyar yawa, sai dai ka san yadda za ka shiga. Zan rubuta sunayen garuruwan yadda za ka gan su a allon tasha, don kada ka ɓata.

Fitata ta farko asara na tafka. Na ga talla: ƙaramar mota mai ɗaukar mutum takwas, direba shi ne ɗan jagora, za a je garuruwa biyu da gona ɗaya, har da abincin rana. Na biya sama da Yuro 100, kuɗin cefanena na kwanaki. Akwai wata kalma a jikin tallar, degustazione, ban tsaya neman ma'anarta ba. Ashe ɗanɗanon giya ke nan. Da azahar aka sauke mu a gona, aka zaunar da mu a dogon tebur, gaban kowa kofunan gilashi huɗu da faranti cike da nama yankan siriri, jajaye da farare. Na tambaya, aka ce duk na alade ne. Awa biyu cur ina dangwala burodi a man zaitun, burodin ma na Toskana, wanda ba a sa masa gishiri ko ƙwaya ɗaya. Wata dattijuwa da ke kusa da ni sai tambayata take ko ba ni da lafiya. Garin da na fito dominsa kuwa, San Gimignano, minti hamsin aka ba mu. Kamfanin bai ɓoye komai ba, ni ne ban tambaya ba.

To ka fahimci yadda kasuwar take. Akwai manyan bas-bas masu ɗaukar mutum hamsin, sun fi araha, amma kamar garke ake kora ku, kana bin wata tuta da ɗan jagora ya ɗaga. Akwai ƙananan ƙungiyoyi na mutum shida zuwa takwas, sun fi tsada, sun kuma fi daɗi, don motar tana shiga ƙananan hanyoyi kuma ana iya magana da direba. Sai dai kaso mai tsoka na kuɗin da ka biya na giya ne da abincin da ke rakiyarta. Kafin ka biya, ka rubuta musu: ba na shan giya, ba na cin alade, me za ku ba ni a madadinsu, kuma minti nawa za a yi a kowane gari? Da yawa za su ce akwai abincin marasa cin nama, wasu ma su rage maka wani abu. Wanda bai amsa ba ka bar shi. Batun ko ya halatta a zauna a teburin da ake sha, wannan na malamai ne, ka kai musu. Ni dai tun daga ranar, idan an zauna sai in fita in zaga gonar, masu gonar kuma ba su taɓa ɗaukar haka da zafi ba.

Abin da ya fi mini yanzu shi ne mu haɗa tamu ƙungiyar. Mutum bakwai ko takwas, a yi karo-karo, a ɗauki hayar mota mai kujera tara, kowa ya zo da guzurinsa. Amma a kula da abu biyu. Lasin tuƙin da ka zo da shi daga gida yana aiki ne shekara ɗaya kacal daga ranar da aka yi maka rajistar zama, shi ma sai da fassara ko lasin ƙasa da ƙasa. Na biyu shi ne allon nan mai farin da'ira da jan baki, an rubuta ZTL. Ma'anarsa motar baƙo ba ta shiga. Babu ɗan sandan da zai tare ka, kyamara ce ke ɗaukar lamba, sai bayan watanni takardar tara ta iso ka a gida, kamfanin haya ma ya ɗora nasa kuɗin. Kusan duk tsohon gari yana da wannan iyaka. Ka ajiye mota a wajen ganuwa ka shiga da ƙafa.

Idan babu direba a cikinku, bas ta wadatar. Bas mai lamba 131R yana tashi daga kusa da babbar tashar jirgin ƙasa ta Santa Maria Novella, cikin awa ɗaya da kwata ya sauke ka a tsakiyar Siena. Ya fi jirgin ƙasa, don tashar jirgin tana can gindin tudu. San Gimignano ba ta da tashar jirgi, sai ka sauka a Poggibonsi ka hau bas. Ka sayi tikiti a shagon da ke da allon harafin T, ka buga shi a na'ura da zarar ka shiga. A jadawali, feriale ranakun aiki ne, festivo kuwa Lahadi da ranakun hutu, kuma ranar Lahadi motoci ƙalilan ne. Ka duba lokacin motar ƙarshe tun kafin ka bar tasha. Takardar zamanka ta kasance a aljihu.

Me ya sa suka gina garuruwa a kan tudu, alhali ga fili a ƙasa? Dalilin da ya sa kakanninmu suka kewaye birane da ganuwa ne: yaƙi. Firenze da Siena sun yi ɗaruruwan shekaru suna gaba. A 1260 Siena ta ci Firenze a yaƙin Montaperti, har yau suna tinƙaho da shi, ko da yake a 1555 garin ya faɗi, daga nan ya koma hannun masu mulkin Firenze. Monteriggioni, wadda za ka hango daga kan titi, sansani ne da Siena ta gina a farkon ƙarni na 13 don tsaron iyaka: ganuwar dutse mai kimanin mita 570, hasumiya 14, ƙofa ɗaya na kallon Firenze, ɗaya na kallon Rum. Wanda ya san Badala zai yi murmushi, don cikin kwata ɗaya na awa ka gama zagaye garin. Minti arba'in ya ishe ka a nan.

San Gimignano ta fi ban mamaki. Tana kan tsohuwar hanyar masu ziyara zuwa Rum, ta yi arziki da fatauci da za'afaran. Attajiran garin sai suka shiga gasar gina hasumiya, kowane gida na son nasa ya ɗara na maƙwabci. An ce sun kai 72, yau saura 14. Mafi tsayi, Torre Grossa, mita 54 ce, kuma ana hawa. A 1348 annoba ta share jama'a, bayan shekara biyar garin ya miƙa wuya ga Firenze, aka manta da shi. Talaucin nan ne ya adana shi, don babu mai kuɗin da zai rushe tsoho ya gina sabo. Ka je da sassafe ko bayan la'asar. Tsakar rana babban titin cunkus yake kamar kasuwar jajibirin Salla.

Siena kuwa kada ka yarda a haɗa maka ita da garuruwa uku a yini ɗaya. Ita kaɗai ta cancanci yini. Dandalinta, Piazza del Campo, a karkace yake kamar tsagin ƙwarya, an shimfiɗe shi da jan bulo an raba shi gida tara, don tunawa da majalisar mutum tara da ta mulki garin daga 1287 zuwa 1355. Mutane a ƙasa suke zama, kai ma ka zauna. Hasumiyar fadar gari tana da matakala wajen 400, mai ciwon gwiwa ya haƙura. Bankin garin, Monte dei Paschi, tun 1472 yake aiki.

Abin da zai fi taɓa zuciyar Bahaushe shi ne sukuwar dawakinsu, Palio, ran 2 ga Yuli da 16 ga Agusta. Garin unguwa 17 ne, kowace da tutarta da tambarinta: akwai unguwar Kunkuru, da ta Raƙumin Dawa, da ta Mujiya, da ta Beguwa, da ta Dodon Koɗi. Goma ne ke shiga kowace sukuwa. Da ƙuri'a ake raba dawaki, a kai kowane doki cocin unguwarsa a sa masa albarka, a zuba ƙasa a kewayen dandali, sannan a yi zagaye uku babu sirdi. Minti ɗaya da rabi an gama. Doki ko ya kayar da mahayinsa, idan ya riga isa, unguwarsa ta ci. Kafin sukuwar akwai jerin gwano da kayan gargajiya da ganguna, wanda ya taɓa tsayawa kallon hawan daushe jikinsa zai ba shi. Tsayawa a tsakiyar dandali kyauta ne, amma awanni za ka yi a rana, babu wurin kewayawa, babu fita. Kada ka je da yara. Kuma kada ka ɗaura gyalen wata unguwa ka shiga unguwar abokiyar gabarta kana wasa, su ba wasa suka ɗauke shi ba.

Tsakanin Firenze da Siena ne yankin Chianti yake, ana furta shi Kiyanti. Tun 1716 aka shata iyakarsa da doka saboda giyarsa. Ko'ina za ka ga hoton baƙin zakara. Labarin baka ya ce garuruwan biyu sun yarda kowanne ya saki mahayi da carar zakara, inda suka haɗu nan ce iyaka. Mutanen Siena suka ƙosar da farin zakaransu, na Firenze suka bar baƙin nasu da yunwa, ya yi cara tun dare bai raba ba, mahayinsu ya cinye kusan duk ƙasar. Ka bi titi mai lamba 222 ta Greve da Castellina, ka ga layukan inabi da zaitun sun bi tudu sun sauka kwari. A watan Satumba da Oktoba ake tsinkar inabi, kuma cikin masu sunkuyon nan akwai 'yan Afirka irinmu. Ka yi musu sallama, wataƙila ka ji an amsa da Hausa.

Abinci: kalmomin da za ka haddace su ne maiale, alade, cinghiale, aladen daji, strutto da lardo, kitsen alade. Duk abin da aka kira prosciutto, salame, pancetta ko finocchiona nasa ne. Ka ce senza maiale, senza vino, wato babu alade, babu giya, don sukan zuba giya a miyar nama. Abin da ba ya ba ni matsala shi ne pici all'aglione, taliya mai kauri da tumatir da tafarnuwa, da pappa al pomodoro, faten burodi da tumatir, da cukun tumaki na Pienza. Ribollita miyar wake da ganye ce, amma ka tambaya, wasu na jefa fatar alade a ciki. Ɗan biskit ɗin da ake kawowa a ƙarshe, cantucci, ka ci shi haka nan, ƙaramin kofin da ke gefensa giya ce. Idan ka ga an ƙara Yuro biyu ko uku a kan kowane mutum da sunan coperto, ba cuta ba ce, kuɗin zama ne.

Salla ba ta gagara. Ka riƙe gorar ruwa a madadin buta da sallaya mai naɗewa. Bayan gida na kuɗi ne, ka tanadi tsaba, ko ka sha kofi a shago ka shiga nasu. A San Gimignano akwai tsohon sansani a saman gari, Rocca, da itatuwan zaitun da inuwa. A Siena akwai lambun Fortezza kusa da inda bas ke tsayawa. A Colle di Val d'Elsa, tsakanin garuruwan biyu, akwai masallaci sosai da aka buɗe a 2013. Idan za ka shiga coci kallon gini, namiji ya cire hula, mace kuwa mayafinta ya wadatar. Ka tuna a watan Yuni sai wajen ƙarfe tara rana ke faɗuwa, a Disamba kuwa kafin biyar.

Mu tafiyarmu ta gaba farkon Nuwamba muka sa ta, lokacin da ake tatsar sabon man zaitun. Ana zuwa wurin matsa, frantoio, a ga man yana kwarara kore shar, a ɗiga maka a gasasshen burodi, yana ɗan yaji a maƙogwaro. Kowa zai zo da kuɗin gwangwani mai lita biyar, kuma saura kujera biyu a motar.