Yadda Ake Bin Sawun Kalmar "Hart" Har Zuwa Tushenta

Duk mai karanta tsofaffin rubuce-rubucen Ingilishi ba zai daɗe ba zai ci karo da kalmar "hart". Ya fara da raba ta da "heart" mai nufin zuciya, domin lafazinsu ɗaya ne amma ba su haɗa dangi ba. "Hart" namijin jar barewar Turai ne, mai ƙahoni masu rassa waɗanda ke zubewa su sake tsirowa kowace shekara.

Daga nan sai a nemi tsohuwar surarta. Kafin mutanen Nomandi su ci Ingila da yaƙi a 1066, "heorot" ake rubutawa. Sai a jera ta da 'yan'uwanta, wato "Hirsch" ta Jamusanci da "hert" ta mutanen Holan, a ga kamannin. Masana harshe sun mayar da su duka ga wani daɗaɗɗen tushe mai ma'anar ƙaho, wanda shi ne ya haifi "cervus" ta Latin. Wannan ne ya fi burge ni: abin da ido ya fara gani a jikin dabbar, shi ya zama sunanta.

Sai dai asali kaɗai ba ya wadatarwa, dole a tambayi mafarauta. A wurin mafarautan sarakunan Ingila, namiji ba ya cin sunan "hart" sai ya haura shekara 5, kuma sukan ƙirga tsinin ƙahonsa, idan ya kai 10 su ce ya isa farauta. Tamatar kuwa "hind" suke ce mata.

A yi hattara kuma da "deer" kanta, kalmar Ingilishin yau ta barewa. A tsohon Ingilishi kowace dabbar daji take nufi, kamar yadda "Tier" ke nufin dabba a Jamusanci har gobe, daga baya ne ma'anarta ta tsuke ta tsaya kan barewa. Saboda haka a duba zamanin da aka yi rubutun kafin a yanke hukunci.

Mai son ganin kalmar "hart" da ranta ya duba sunayen wurare. Sunan garin Hertford na Ingila na nufin mashigin ruwan da bareyi ke ƙetarewa. Farar barewa, wato "white hart", mai kambin zinariya a wuya ita ce tambarin Sarki Richard na Biyu, wanda ya hau gadon sarauta a 1377, kuma sunanta ne a kan White Hart Lane, filin da Tottenham ta buga wasa a cikinsa har 2017.