Masu tara kaset ɗin Game Boy, ku kula da jabu

Salamu alaikum ƴan uwa, duk mai yawon Katako ko Babbar Kasuwar Yamai yana neman kaset ɗin Game Boy, ƴar na'urar wasan hannu ta kamfanin Nintendo, ya buɗe ido, jabu sun yi yawa musamman na wasan Pokémon.

Kar ka biya sai ka karkata kaset ɗin a haske, na asali akwai ƴan lambobi da aka danna a jikin takardar, ba bugu ba ne da tawada. In na Game Boy Advance ne, wanda ya fito 2001, leƙa ta bakinsa saman haƙoran nan masu ruwan zinariya za ka ga an rubuta Nintendo. In mai kaya ya bari ka buɗe ka tarar da baƙin ɗigo kamar kwalta a ciki, galibi jabu ne, ajiye masa abinsa kawai.

Sai maganar pil, Pokémon Gold da Silver suna da ƙaramin pil mai lamba CR2025 a cikin kaset ɗin, agogon wasan ke cinye shi, in ya mutu ko ka yi seb, wato ka ajiye inda ka tsaya a wasan, ba ya zama, sai mai gyaran salula ya liƙa maka sabo da dalma.

Kuma don Allah a bar hura kaset da baki, auduga da ɗan alkol sun isa su fidda ƙurar hunturu.