Masu kwaikwayon Serevi a zari-ruga, ga inda kuke ɓata rawarku da tsalle

Wallahi na gaji da maimaita magana ɗaya a fili kullum yamma, shi ya sa na ce bari in rubuta kowa ya karanta da kansa. Duk yaron da ya fara zari-ruga na 'yan bakwai-bakwai, kafin sati ya zagayo wani ya tura masa bidiyon Waisale Serevi na ƙasar Fiji a waya, daga nan kuma shikenan, sai ka ga ya riƙe ƙwallo da hannu ɗaya yana wani ɗage ƙafa yana tsalle-tsalle wai shi ma ya zama sarkin wasan. Mutumin nan an haife shi a 1968, ya fara zuwa gasar Hong Kong a 1989, ya ɗauki kofin duniya na 'yan bakwai sau biyu, 1997 da 2005, amma ku abin da kuka sani game da shi bai wuce bidiyon minti uku ba.

Babban kuskuren, wanda yake ƙona min rai fiye da komai, shi ne riƙe ƙwallo. Kun ɗauka gwanintar Serevi yanka ce kawai. To ku je ku nemi wasan ƙarshe na Hong Kong na 1990 tsakanin Fiji da New Zealand, ku kalli tirai ɗin, wato cin maki ta hanyar dire ƙwallo a bayan layin abokan hamayya, da har yau ake maganarsa. Ƙwallo ta zo wa Serevi an matse shi, ko riƙe ta bai yi ba, ya doke ta ta saman kansa zuwa ga Noa Nadruku, shi kuma ya zura ta ta tsakanin ƙafafunsa ga Tomasi Cama, Cama ya zuba da gudu har ya dire ta. Ko daƙiƙa ɗaya ƙwallon ba ta yi a hannun Serevi ba. Dalili kuwa a fili yake, mutum bakwai ne a filin da aka yi domin mutum 15, tsawon mita 100, kowane rabi minti 7 ne kacal, saboda haka sarari yana nan birjik a gefe, aikinka ka ja mutum biyu su taho kanka sannan ka saki fasin ga wanda ba kowa a gabansa. In hanya ta toshe ma 'yan Fiji baya suke komawa da ƙwallon su sake shiri, ba sa kai kansu cikin taro a banza.

Wannan abin ya taɓa cin mu kofi ina ji ina gani. Wasan ƙarshe ne na wata ƙaramar gasa, muna gaba da maki biyu, saura ƙasa da minti ɗaya, wani yarona mai gudu kamar barewa ya samu ƙwallo, abokansa biyu suna dama da shi suna ta ihu har muryarsu ta dishe. Me zai yi? Ya hango 'yan kallo, sai ya sauya ƙwallon zuwa hannu ɗaya ya ɗage ƙafa zai yi takun Serevi. Wani ƙato ya kwashe shi ta ƙugu, ƙwallo ta yi tsalle, suka ɗauka suka ci. Bawan Allahn da ya yi mana alkawarin takalma da riguna in mun ci kofin, tun ranar wayarsa ba ta ƙara shiga ba. Haba samari! Yanzu dokata a tirenin ita ce, duk wanda aka kayar da ƙwallo a hannu alhali akwai abokinsa a sake, zagaye fili biyu ne, ba roƙo ba magiya. Kuma hannu ɗaya haramun ne a wurina sai ka wuce mutum na ƙarshe. Na san wasu kocinan ba su yarda da haka ba, suna cewa ina kashe wa yara basira, su je su yi ta cewa.

Na biyu ya shafi manya ne, ku da kuka ɗan iya wasa. Da zarar mutum ya zama gwanin ƙungiya sai ya naɗa kansa koci, shi ne kyaftin, shi ne mai bugu, shi ne mai canjin 'yan wasa, in ka yi magana ya ce ai Serevi ma ya haɗa wasa da horarwa. Gaskiya ne ya haɗa, kuma a hannunsa Fiji ta lashe jerin gasannin duniya na kakar 2005 zuwa 2006, karon farko da wata ƙasa ta ƙwace shi daga New Zealand. Amma me ya sa ba ku ƙarasa labarin? Kofin duniya na 2005 akwai koci a gefe, Wayne Pivac, Serevi wasa kawai ya yi, yana da shekara 36 ya ci wa Fiji tirai ɗin da ya fitar da Ingila a ƙarin lokaci. Shi kuma Serevi aikin kocin bai daɗe masa ba, ya bar kujerar a 2007, ya dawo, a farkon 2009 suka sake rabuwa da hukumar zari-ruga ta ƙasarsa, daga nan ya horar da Papua New Guinea, ya koma Seattle a Amurka yana koyar da yara, daga baya ya riƙe Rasha. In har shi da kansa abin ya ba shi wuya, kai malam wa ya aike ka? Mutumin da yake haki a tsakiyar fili ba ya ganin wanda ya gaji a ɗaya gefen, kuma ba zai taɓa cire kansa ba ko da ƙafarsa ta mutu. Ni dai a ƙungiyata mai riƙe da takardar canji ba ya sa takalmin wasa, ko da shi ne ya fi kowa iyawa.

Sauran ƙananan ba sai na ja su ba. Bugun ƙarin maki biyu bayan tirai, a 'yan bakwai sakin ƙwallo ake ta taɓa ƙasa sannan a buga, kuma ba wanda yake son koyonsa, alhali Fiji da maki uku ta doke Afirka ta Kudu a 1997, 24 da 21, bayan an fara yi wa Fiji 14 da nema. Don haka in za ka dire ƙwallo ka matso tsakiyar turaku in da hali. Wanda ya ci shi ke buga tashi, kuma in ba ta kai mita 10 ba ka ba abokan hamayya ƙwallo kyauta. Katin gargaɗi minti 2 ne a wajen fili, a wasan minti 14 wannan ba ƙaramin rashi ba ne, ku daina yi wa alƙali musu. Masu cewa sun yi ƙanƙanta da wasan nan, Serevi bai kai mita 1.70 ba. Masu gudun tirenin na numfashi kuma, 'yan Fiji tudun yashin Sigatoka suke hawa da gudu har wasu su yi amai.

Sannan don Allah ku daina jayayya a dandali cewa Serevi ya ci zinaren Olamfik. Sai a 2016 aka fara 'yan bakwai a can, a Rio, lokacin ya daɗe da ajiye takalmi, kocin Fiji Bature ne ɗan Ingila, Ben Ryan, kyaftin kuma Osea Kolinisau, suka lallasa Birtaniya 43 da 7. Kolinisau ɗin ne ya zama koci ya kai su wasan ƙarshe a Paris a 2024, inda Faransa ta doke su suka dawo da azurfa.