Yadda ake bambance talibambam da 'yan uwansa

Mutane da yawa da sun ga kifi ya kumbura kamar ƙwallo sai su ce ai talibambam ne, an gama magana. To ba nan gizo ke saƙar ba, gidansu babba ne, masana sun tara su a rukuni ɗaya mai suna Tetraodontiformes, dangi goma ne a ciki da nau'i sama da 400, kuma da yawansu ko kumburar ma ba sa yi. In kana son gane wanne ne a gabanka, a hoto ne ko a bidiyo, ga yadda zaka bi.

Fara da baki, ni a ganina nan ne rabin aikin. Haƙoran talibambam na asali sun manne sun zama kamar bakin aku, sai ka duba ko akwai tsaga a tsakiya. In akwai tsaga sama da ƙasa, faranti huɗu kenan, biyu sama biyu ƙasa, wannan dangin Tetraodontidae ne, sunan ma daga Girkanci yake, ma'anarsa haƙora huɗu. In babu tsagar kwata-kwata, ɗaya sama ɗaya ƙasa, ka faɗa gidan Diodontidae. Akwai kuma wani ɗan ba-ruwana mai uku, biyu sama ɗaya ƙasa, Triodon macropterus, shi kaɗai ya rage a danginsa kuma a zurfin teku yake zama, da wuya ka haɗu da shi. Haƙoran nan fa ba sa daina tsiro, shi yasa kullum suke gurguran dodon koɗi da ƙaguwa, abincin ne ke goge musu su. In kuwa kaga haƙoran a rarrabe ɗai-ɗai, bar maganar talibambam, ɗan uwa ne kawai.

Na biyu, fata. Mai haƙora biyun nan jikinsa duk ƙayoyi ne, na wasu dogaye kamar na beguwa, a wasunsu suna kwance sai ya kumbura su miƙe. Mai huɗu kuwa ƙayoyinsa 'yan mitsi-mitsi ne, wasu ma sumul. In jikin ya yi tauri kamar akwati, faranti-faranti masu kusurwa shida sun rufe shi sai baki da ido da fukafukan iyo da wutsiya ke motsi, Ostraciidae ne, shi ba ya kumbura, ina ma zai samu wurin?

Na uku, duba gadon baya. Ƙayoyi uku a tsaye, Balistidae kenan. Dabararsa na burge ni sosai, yana shiga rami ya ta da ƙaya ta farko, ta biyu ta tokare ta kamar sakata, duk jan da za a yi ba zai fito ba sai an danne ta biyun tukun. Wanda ke da doguwar ƙaya ɗaya a saitin ido, jiki shafal, fata mai kaushi kamar samfefa, Monacanthidae ne.

Na huɗu wutsiya, wannan mai sauƙi ne. Ƙaton kifi da kamar an datse shi rabi babu wutsiyar kirki, Molidae ne. A 2021 an samu wani a kusa da tsibiran Azores na tekun Atlantika mai nauyin kilo 2,744, babu kifi mai ƙashi da aka taɓa aunawa ya kai shi.

Sai kumburar, da gangan na bar ta can baya. Ruwa yake zuƙa da sauri ya cika tumbinsa mai talewa, kuma da yake ba shi da haƙarƙari babu abin da ke tare cikin. Dan Allah kar ka tsokane shi don ka gani ko ka ɗauki hoto, in a wajen ruwa ya yi iska zai haɗiya, wani lokacin ta ƙi fita, ya yi ta yawo a saman ruwa ciki sama har ya mutu.

Ka kuma tambayi ruwan da ya fito. Yawancin gidan nan 'yan teku ne, amma cikin masu haƙora huɗu akwai na kogi, kamar Tetraodon lineatus mai ratsi-ratsi na Nilu da Neja da Tafkin Chadi, da wani mai suna mbu na kogin Kongo da ke wuce santimita 60, da wani ɗan ƙaramin na kudancin Indiya da bai kai tsawon ɗan yatsa ba.

Ko ka gane shi tsaf, kar ka kai shi tukunya. Da yawansu na ɗauke da guba mai suna tetrodotoxin a hanta da ƙwai, wasu har fata, ƙwayoyin bakteriya ne ke haɗa ta kifin ya tara ta hanyar abinci. Tana tsayar da saƙon jijiyoyi, leɓe ya fara mutuwa, sai jiki ya saki, sai numfashi ya tsaya mutum yana cikin hayyacinsa. Wuta ba ta kashe ta, kuma har yau ba ta da makari, a asibiti na'urar numfashi ake sa wa mutum har jiki ya fitar da ita. A Japan da suke cin sa suna kiransa fugu, sai mai lasisi ke fede shi, hantar kuwa an hana sayar da ita gaba ɗaya.