Gwanin aiki marar ɗa'a: inda shugabannin kamfani ke yin kuskure

A kamfanonin sari da rarraba kaya na Yamai ba a rasa irinsa: wakilin ciniki da ya san 'yan kasuwar Katako da Wadata ɗaya bayan ɗaya, cinikinsa ya fi na kowa, amma yana zagin direbobi, yana fitar da kaya daga sito ba takarda, yana ba da bashi ba sa hannun kowa.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne kawar da kai saboda kuɗin da yake kawowa. Ana lissafa cinikinsa, ba a lissafa ɓarnarsa: mai kula da sito da ya ajiye aiki, bashin da ya maƙale, ƙananan ma'aikata da suka gane cewa doka ba ta hawa kan shafaffu da mai. A zauna da akanta a fitar da wannan lissafin tukuna.

Kuskure na biyu shi ne yi masa faɗa a dunƙule. "Malam, ka gyara halinka" ba ya gyara kowa, domin zai amsa da "ai ni ke ciyar da gidan nan". A kira shi ofis, ba gaban jama'a ba, a faɗi rana da wuri: "Ran Talata ka fitar da katan 40 na madara ba takarda, da mai sito ya hana ka, ka zage shi gaban lebura." A faɗi abin da ake so ya daina, a sa wa'adi, misali wata guda, da ranar da za a sake zama. Kada a gauraya zancen da yabon cinikinsa. Yabon kawai zai ɗauka ya fita.

Turo masa dattijo ko wanda ya kawo shi aiki yana da amfani, amma ba ya maye gurbin takarda. Nan ne kamfanoni da yawa ke faɗuwa: shekara biyu ana haƙuri da baki, rana ɗaya darekta ya fusata ya kore shi, a je gaban sufeton ƙwadago fayil ba komai sai takardun yabo. Dokar ƙwadago ta Nijar ta 2012 tana buƙatar dalili na halal kafin kora. Don haka a fara da takardar neman bayani, ya amsa a rubuce, sannan gargaɗi, sannan dakatarwa, kamar yadda dokar cikin gida ta kamfanin ta tsara. Kada a ci shi tara daga albashi, doka ta hana. In wakilin ma'aikata ne, wato wanda abokan aikinsa suka zaɓa ya wakilce su, ba a korarsa sai da izinin sufeto. Sata ko neman mata da ƙarfin muƙami kuwa ba a bi da su ta wannan tsani a hankali: bincike ake buɗewa nan take.

Abin da ke ɗaure hannun shugaba a gaskiya tsoro ne, don lambobin abokan ciniki duk suna cikin WhatsApp ɗin mutum ɗaya. A mayar da su rajistar kamfani, a ba shi layin waya na ofis, a haɗa shi da mataimaki da zai riƙa bin sa kasuwa. A kuma sake tsarin kuɗin ƙwazo: kada a biya kan kayan da aka fitar, sai kan kuɗin da suka shigo asusu, kuma wani kaso ya rataya kan bin ƙa'idar sito da takardu.