Yadda ake haɗa fitowa a fim da sana'ar yi wa 'yan wasa kwalliya

An ce taura biyu ba ta taunuwa, amma a harkar fim akwai waɗanda suka tauna. Lon Chaney, ɗan wasan Amurka da ya rasu a 1930, da hannunsa yake sauya kamanninsa, har aka yi masa laƙabi da mai fuska dubu. Rick Baker kuwa, da ya ci kyautar Oscar ta kwalliya sau 7, shi ma ya sha tsayawa gaban kyamara. Ga yadda za ka bi sawunsu.

Da farko, fara da fuskarka, don ita ce ba za ta yi maka ƙorafi ba. Zauna gaban madubi ka murtuke, ka ɗaga gira, ka duba inda fata ke naɗewa. Bi waɗannan layukan da launi mai duhu, ka sa mai haske a gefensu, sai ga tsufa ya fito. Daga nan yi dariya, yi kamar za ka yi kuka. Idan kwalliyar ta tsage ko ta hana fuska motsi, goge ka sake. A nan ne ɗan wasa ya fi wanda buroshi kawai ya sani.

Sai ka koma kan rauni da tabo. Ciwon yau daban, na kwana biyar daban: jini sabo ja ne mai sheƙi, busasshe yana komawa ƙasa-ƙasa. Kafin ka manna wa kowa roba ko gam, shafa ɗan kaɗan a hannunsa ka jira awa 24, domin wasu jikinsu ba ya ɗaukar ruwan roba. Kuma kada ka yarda da madubi shi kaɗai, gwada a kyamara ƙarƙashin fitila. Na taɓa manna gashin baki a kan fata mai maiƙo, zafin fitilu ya kawo gumi, ana tsakiyar ɗauka gefe guda ya saki yana lilo. Tun daga ranar nake goge fata da sifirit kafin gam.

Mataki na gaba, wanda masu koyo suka fi rainawa, shi ne hoto. Ba a ɗaukar fim a jere, ana iya yin rabin fitowa yau, sauran bayan sati biyu. Ɗauki kowace fuska ta gaba da ta gefe, ka rubuta lambar fitowar, don kada tabon kunci na hagu ya wayi gari a dama.

Idan hannunka ya faɗa, nemi shiga lokeshan a matsayin mataimakin mai kwalliya. Tun ranar farko ka sanar da darakta cewa kai ma ɗan wasan fim ne, ka ajiye gajeren bidiyonka a waya, amma ban da naci.

Ranar da rol ya samu, wato aka ba ka rawar da za ka taka a fim, raba ayyukan biyu. Mai kwalliya yana riga kowa zuwa, kuma tsakanin ɗauka da ɗauka yana tsaye da hoda a hannu, alhali a lokacin ne ɗan wasa ke bitar maganganunsa. Nemi furodusa ya ba ka mataimaki a ranakun da kake da fitowa, kuma a rubuta ladan kowane aiki daban kafin a kunna kyamara.